Wasan Labari a Waya: Fayil Ɗan Ƙarami Mai Jiran Marubutan Hausa

Duk wanda ya san shagunan masu caji da tura fina-finai a Dutse, ko a kasuwar Shuwarin, ko bakin tashar Birnin Kudu, ya san yadda labari ke yawo a wannan yanki. Daga kwamfutar mai shago ya shiga memori, daga memori ya hau waya, sai Xender ya raba wa abokai. Littattafan Hausa ma hanyar da suka bi ke nan, shafi-shafi a zaurukan WhatsApp, masu karatu na zaman jiran marubuciya ta saki ci gaba. Akwai wani nau'in labari da wannan hanya ta fi dacewa da shi a kan fim, amma bai samu shiga kasuwarmu ba tukuna, wato wasan labari na rubutu zalla.

Babu hoto a cikinsa, babu kiɗa. Allon waya zai rubuto maka cewa kana tsaye a bakin wani kogo, ga fitila a ƙasa, ga hanya ta yi arewa. Sai ya yi shiru yana jiranka. Kai ne za ka rubuta abin da kake son yi: ka ɗauki fitilar, ka kunna ta, ka shiga. Abin da ka rubuta shi ke juya akalar labarin, kuma idan ka yi ganganci jarumin na iya halaka tun kafin a kai rabi.

Wasan ya girmi wayoyin zamani nesa ba kusa ba. Wajen 1976 wani masanin kwamfuta a Amurka, Will Crowther, wanda ke sha'awar shiga kogunan dutse, ya rubuta na farko da ya shahara, mai suna Adventure, ya gina shi a kan wani sashe na kogon Mammoth da ke jihar Kentucky. A 1977 Don Woods na Jami'ar Stanford ya faɗaɗa shi. Wasu matasa a cibiyar fasaha ta MIT suka gani, suka rubuta nasu mai suna Zork, suka kafa kamfanin Infocom a 1979 don su sayar.

A nan suka ci karo da matsalar da maganinta ya zama tushen wannan maƙala. Kwamfutocin gida na lokacin, irin su Apple II da TRS-80, kowace da nata harshen, abin da aka rubuta wa wannan ba ya aiki a kan waccan. Maimakon a riƙa sake rubuta wasa ga kowace na'ura, Joel Berez da Marc Blank suka ƙirƙiro wata kwamfuta ta zuci, wadda ba a taɓa ƙera ta da ƙarfe ba, suka sa mata suna Z-machine. Da harshenta ake rubuta labari, sau ɗaya tak. Kowace kwamfuta ta gaske kuma sai a yi mata 'yar ƙaramar manhaja mai fassara mata wannan harshe. Ita ce tafinta. Labarin kamar kaset yake, tafinta kuma rakoda: wadda duk ka samu, muddin irin kaset ɗin take ci, za ta yi maka aiki.

Kamfanin Activision ya sayi Infocom a 1986, ya rufe ofishinsa a 1989, amma dabarar ba ta mutu ba. Masu sha'awa suka warware sirrin Z-machine. A 1992 aka buɗe rumbun IF Archive a Jamus, inda ake tara wasanni kyauta. A 1993 Graham Nelson, masanin lissafi a Ingila, ya fito da Inform, abin da ya ba kowa damar rubuta nasa labarin. A 1995 Stefan Jokisch ya rubuta tafinta mai suna Frotz, kuma a shekarar aka fara gasar IFComp da ake yi duk shekara har yau. Shi ya sa wasan da aka rubuta tun Jigawa na cikin jihar Kano yake buɗuwa lafiya lau a wayar da aka sayo jiya.

Ɗora wasa a waya ba wani aiki ba ne, in dai an gane cewa abu biyu ake nema. Da farko a sauke tafinta. Mai iPhone yana da Frotz, wadda ke zuwa da wasu wasanni a cikinta. Mai Android zai iya neman Fabularium. A kwamfuta akwai Gargoyle da Lectrote, ga kuma Parchment mai aiki kai tsaye a shafin intanet. Daga nan sai fayil ɗin labari, daga IF Archive ko ta hanyar kundin IFDB, inda aka jera wasanni da ra'ayoyin waɗanda suka buga su. Idan fayil ya sauka, yawanci yana jakar abubuwan da aka sauke. Sai a buɗe tafinta a nuna mata inda yake, ko a danna fayil ɗin a zaɓi buɗe shi da ita. Daga ranar ya shiga jerin wasanninka, ba ka ƙara bukatar data.

Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne wutsiyar sunan fayil. Wanda ya ƙare da z3, z5, z8 ko zblorb na Z-machine ne. Mai ulx ko gblorb na Glulx ne, ƙanen Z-machine da Andrew Plotkin ya tsara don manyan labarai. Mai gam ko t3 na tsarin TADS ne. Ba kowace tafinta ke cin duka ba, don haka idan wasa ya ƙi buɗuwa, a fara duba nan kafin a zargi waya. Idan a ƙunshe ya zo cikin zip, sai an kwance shi. Idan kuwa wani ya turo maka abin da ya ƙare da apk ko exe ya ce labari ne, ka yi hattara, wannan manhaja ce mai zaman kanta, tana iya ɗauke da abin da zai ɓata maka waya.

Ƙanƙantar waɗannan fayiloli abin a tsaya a kai ne. Fayil ɗin z3 ba ya wuce kilobayit 128, na z5 256, na z8 kuma 512. Hoto ɗaya da aka ɗauka a wajen biki ya fi wasanni goma na Infocom nauyi. Ga ɗalibin da ke lissafin kowane megabayit, ga mazaunin ƙauyen Kiyawa ko Jahun da sabis ke zuwa yana ɗaukewa, wannan ba ƙaramar rahama ba ce. Tsohuwar waya ma za ta ɗauka. Makafi a ƙasashe da dama suna buga irin wannan wasa da manhajar da ke karanta musu allo, tunda duk abin da ke ciki rubutu ne.

Sai dai yawancin wasannin da Turanci suke. An fassara ƙa'idojin Inform zuwa Faransanci, Sifaniyanci, Jamusanci da Italiyanci, kowane harshe da masu rubuta nasa. Ni a ganina babu dalilin da zai sa Hausa ta tsaya kallo. Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, wanda ya fito a 1934, tafiya ce ta neman abu guda, gari bayan gari, dabara bayan dabara, kuma a kan wannan ƙashin bayan ake gina wasan labari. Wurin da za a kafa labari ma ba mu rasa ba. Ga duwatsun da suka kewaye Garu a Dutse, ga zane-zanen mutanen da a jikin duwatsun Birnin Kudu.

Hanya mafi sauƙi ita ce Twine, manhajar da Chris Klimas ya fitar a 2009. A cikinta mai karatu ba ya rubuta komai, zaɓi ake ba shi ya danna. Abin da take fitarwa shafin intanet ne guda, ana iya tura shi a WhatsApp, ba ya bukatar tafinta. Marubuciyar da ta saba sakin shafi kullum za ta iya koyonta cikin 'yan kwanaki, ta yi labarinta da Hausa tsantsa.

Wanda mai wasa ke rubuta umarni da kansa shi ne mai wuya, shi ne kuma mai daɗin. Dole a koya wa na'ura nahawun Hausa. Bature kalma ɗaya yake bugawa ko me zai ɗauka, mu kuwa aikatau ɗinmu sauya kama yake: ɗauki fitila, ɗauke ta, ɗauko min. Sayi da sayar harafi kaɗan ya raba su, amma ɗaya kishiyar ɗaya ce. Mutane da yawa ba sa buga haruffa masu lanƙwasa a waya, saboda haka sai na'urar ta gane daga mahallin magana ko baki ake nufi ko baƙi. Tun a layin farko ma sai labarin ya san da wa yake magana, domin kana tsaye daban, kina tsaye daban. Glulx na karɓar ɓ da ɗ da ƙ, Inform 7 kuma an saki tushensa ga kowa a 2022, don haka ƙofa a buɗe take.

Jigawa ba baƙuwa ba ce a harkar kwamfuta. Tun zamanin Gwamna Saminu Turaki aka kafa cibiyar koyon fasahar sadarwa a Kazaure, Jami'ar Tarayya ta Dutse kuma ta zo a 2011. Ɗalibin kwamfuta mai neman aikin kammala karatu zai iya haɗa kai da mai nazarin Hausa a Kwalejin Ilimi ta Gumel, su zauna su jera aikatau ɗin da mai wasa zai fi bukata, irin su duba, ɗauki, ajiye, buɗe, shiga, fita, tambayi, kowanne da duk siffofinsa da yadda ake buga shi ba lanƙwasa. Idan suka saki wannan jeri kyauta, marubuci na gaba labarinsa kawai zai kawo.