Ranar kasuwar da ba ta zama wuri ɗaya: lissafin kwanakin da ɗan kasuwar New Bell ke riƙewa a kai

A kusan kowane shago na unguwar Hausawa ta New Bell a Duwala akwai kalanda rataye a bango, ranar Bature a sama, ta Hijira a ƙasa. Sai dai duk wanda yake hawa tudu zuwa ƙasar Bamileke ko Bamenda sayen goro, wake ko dankali ya san akwai lissafi na uku da ba a buga a wannan takarda ba, kuma shi ne ke cewa ko za ka tarar da kaya ko ka tarar da rumfuna babu kowa.

Makon mutanen can kwana takwas ne. Kowace rana da sunanta, sunayen kuma kan bambanta daga masarauta zuwa masarauta. Babbar kasuwar gari takan ci sau ɗaya a cikin kwana takwas ɗin, wato idan ta ci Talata a wannan karon, na gaba Laraba ce, na bayansa Alhamis. Ba za ta sake dawowa Talata ba sai bayan kwana 56. A shekara kuwa za ta ci sau 45 ko 46, alhali kasuwar mako irin tamu sau 52 take ci. Baƙon da ya ji an ce "jiya Asabar aka ci kasuwa", ya koma gida ya shirya wa Asabar mai zuwa, to ya biya kuɗin mota da na masauki a banza, domin Lahadi za ta ci. Wanda ya ba da bashi a kan "kasuwa huɗu" kuma ya sani kwana 32 ya bayar, ba 28 ba. Bugu da ƙari, a cikin takwas ɗin akwai ranakun da al'ada ta hana zuwa gona. Tun daga 2017 kuma, rikicin yankunan renon Ingila ya ƙaro zaman gida na ranar Litinin, ta yadda kasuwar da juyi ya kawo ta Litinin a wurare da dama takan tashi a tutar babu.

Masu ƙetarawa ta Ekok zuwa ƙasar Ibo su ma suna da nasu: Eke, Orie, Afo da Nkwo, mako mai kwana huɗu.

Mai karatu zai iya cewa me ya hana hukuma ta daidaita kowa a kan lissafi ɗaya? Ai an taɓa gwada ƙirƙirar sabo fil. A 1793 masu juyin juya halin Faransa sun zauna sun tsara kalandar kansu: wata 12, kowanne kwana 30, mako kwana goma, sai ragowar kwana biyar ko shida a ƙarshen shekara. A takarda abin gwanin sha'awa, amma leburan da ya saba hutawa bayan kwana shida sai ya koma jiran na goma. Napoleon ya soke ta daga 1 ga Janairu, 1806. Tarayyar Sobiyet ma ta kawo mako mai kwana biyar a 1929, ta dawo kan bakwai a 1940. Makon Bamileke kuwa ya ga Jamus, ya ga Faransa da Ingila, yana nan daram, saboda manoma da mata masu tallan kasuwa ne ke riƙe da shi.

Inda na fi ganin 'yan'uwa na tafka asara shi ne tsakanin lissafin Hijira da na Bature. Shekarar Hijira kwana 354 ce ko 355, tana gaza ta Bature da kimanin kwana 11. Kuɗin hayar shago da harajin patanti suna bin Janairu zuwa Disamba, amma cinikin atamfa da shadda a kasuwar Nkololoun da Kasuwar Kongo, a wajenmu, watan Azumi da na Babbar Sallah yake bi, zakka ma haka. Wanda yake fitar da zakka duk ƙarshen Disamba yana jinkirta ta ne da kwana 11 kowace shekara, cikin shekara 33 kuwa ya tsallake ta shekara guda cur. Alkawarin "sai bayan Sallah" shi ma in za a rubuta shi, a sa ranar Bature a gefensa, don dilan da ba Musulmi ba bai san da wace Sallar ake nufi ba. Bisa lissafin masana taurari ma, a 2030 Azumi zai kama sau biyu, a farkon Janairu da ƙarshen Disamba, wato mai sayar da dabino da sukari zai yi odar kayan Azumi har sau biyu a kan patanti ɗaya.