Zakka: Ƙabila Ɗaya, Rabo Daban-daban

Tun da aka shiga zaman sulhu da 'yan bindiga a ƙananan hukumomin Batsari da Safana a 2025, rahotanni suka ci gaba da kiran abin da ke faruwa a gefen Dajin Rugu rikicin Hausawa da Fulani, alhali ƙabila kaɗai ba ta nuna wanda ya fi shan wahala a gari irin Zakka da ke wannan yanki.

Wata malamar shari'a a Amurka, Kimberlé Crenshaw, ta fito a 1989 da ra'ayin da za a iya kira mahaɗar siffofi, wato jinsi da ƙabila da dukiya da mazauni sukan haɗu a kan mutum ɗaya su haifar masa da wariya ko gata wanda siffa guda ba ta isa ta bayyana ba.

Kalmar Bafillace ta haɗa basaraken birni, wanda gidansu na Sulluɓawa ke riƙe da gadon sarautar Katsina tun naɗin Muhammadu Dikko a 1906, da makiyayin da aka nome masa burtali, wato hanyar da dabbobi ke bi zuwa kiwo da mashaya. Dokar keɓe wuraren kiwo ta Jihar Arewa ta 1965 an yi ta ne domin kare irin wannan ƙasa, haka kuma aka kafa Hukumar Ilimin Makiyaya a 1989, amma gonaki suka yi ta cin wuraren kiwon, 'ya'yan ruga da dama kuma suka girma ba su taɓa zama a aji ba, abin da mahukunta ba su so a tuna musu.

Ƙarƙashin makiyayin akwai matarsa mai tallan fura da nono. 'Yan bindiga sun kore shanun da take tatsa, idan kuma ta sauke ƙwaryarta a kasuwa ana yi mata kallon mai kai rahoto daji. Bahaushiyar da aka kashe mata miji a gona ba ta fuskantar wannan zargi, sai dai tana fita takaba da marayu da tumunin gādo a gonar da ba ta nomuwa.

Dukansu biyun ba a shimfiɗa musu tabarma a wurin sulhu, domin maza masu rawani da masu bindiga ne ke magana. Ya kamata gwamnatin Katsina ta daina raba hatsin tallafi da sunan maigida kawai, ta rubuta waɗannan mata da sunayensu, har da na rugage.