Manomi da Mai Gona a Finafinan Ƙasar Sin

A shekarar 1950 gwamnatin Kwaminis ta ƙasar Sin ta kafa dokar sake rabon gonaki. An karɓe filayen manyan masu gonaki an rarraba wa talakawan da ke noma su, an kuma kashe da yawa daga cikin masu filayen bayan an gurfanar da su gaban taron ƙauye. Tun daga lokacin masu shirya fim suke ta komawa kan wannan zamani, amma ba da murya ɗaya ba.

Fim na farko da ya yi fice shi ne Bai Mao Nü, wato Budurwa Mai Furfura, na Wang Bin da Shui Hua, wanda asalinsa wasan waƙe ne da aka fara nunawa a garin Yan'an a 1945. Bashi ya yi wa wani manomi katutu, mai gona Huang Shiren ya tilasta masa ba da 'yarsa Xi'er a bakin bashin. Uban ya kashe kansa, ita kuwa ta gudu cikin duwatsu, wuya ta mayar da gashinta fari fat, har mutanen ƙauye suka ɗauke ta aljana. Sojojin Kwaminis ne suka ceto ta. A nan azzalumi a fili yake, mai ceto ma haka. Fim ne na jan hankalin jama'a, kuma ya yi aikinsa.

Bayan rasuwar shugaban Kwaminis Mao a 1976 sai salo ya sauya. Huang Tudi na Chen Kaige, wanda ya fito a 1984, ya nuna sojan da ya je wani ƙauye a lardin Shaanxi a 1939 yana tattara waƙoƙin gargajiya, ya sa wa wata yarinya rai da 'yanci, amma bai hana a yi mata auren dole ba.

Zhang Yimou ya fi kowa zafafawa a Huozhe na 1994. Fugui, ɗan masu hali, ya yi asarar gidan gadonsu a caca. Da juyin juya halin Kwaminis ya zo, wanda ya ci gidan aka harbe, Fugui kuwa talaucinsa ya tsirar da shi. Ke nan sa'a ce ta raba mai rai da gawa, ba adalci ba. Fim ɗin ya sami lambar yabo a bikin Cannes na Faransa, hukumomin Sin kuma suka hana nuna shi a gida.