Wojciech: sunan mayaƙi da waliyyi ya ɗaukaka

A gidan kallon ƙwallo na unguwarmu na fara cin karo da sunan, lokacin da Wojciech Szczęsny yake tsaron ragar Arsenal. Babu wanda ya iya faɗinsa a cikinmu. Wasu su ce Wojisi, wasu su ce Wajik, mai gidan kallon kuwa ya hutar da kansa, sai ya ce "golan nan ɗan Poland". Daga baya na gane harafin W a wurin 'yan Poland sautin V ne, "ci" ɗin kamar c ɗinmu na Hausa take, ƙarshen kuma kamar ha mai ruwa da muka koya a allo. Kusan Voiceh ke nan.

Sunan tsohon na Silabawa ne, kalmomi biyu aka haɗa. Woj shi ne mayaƙi, ciech kuma murna ko sanyin zuciya. Wato mai murna da yaƙi, ko kuma wanda mayaƙa ke samun natsuwa da shi. Da a nan ne, da kirari za a kira shi, ba sunan yanka ba.

Abin da ya ba ni mamaki, wanda ya sa sunan ya bazu ba mayaƙi ba ne, kuma ba ma ɗan Poland ba ne. Ɗan sarauta ne daga Bohemiya, ƙasar Czech ta yau, an haife shi wajen shekarar 956. A Magdeburg ta Jamus ya yi karatu, can ya ɗauki sunan malaminsa Adalbert, shi ya sa har yau Turawan yamma da wannan sunan suka san shi. Ya zama bishop na birnin Prague, amma zaman bai yi masa daɗi ba, suka yi ta saɓani da manyan gari har ya bar kujerar. A 997 sarkin Poland, Bolesław, ya taimaka masa ya tafi wa'azi wurin Furusawa masu bautar gargajiya a bakin tekun Baltic. Bai jima ba suka kashe shi, ranar 23 ga Afrilu.

Ana ba da labarin cewa Bolesław ya fanso gawar da zinariya daidai nauyinta, ya binne ta a Gniezno. Ni dai ina ganin sarkin ya san cinikin da ya yi. A 999 Fafaroma ya ayyana Wojciech waliyyi, a shekarar 1000 sarkin sarakuna Otto na Uku ya zo ziyarar kabarin da kansa, Gniezno ta samu babban bishop nata. Ƙasar da ba ta daɗe da karɓar Kiristanci ba, tun 966, ta samu wurin zama cikin masarautun Turai albarkacin kabari ɗaya. Ƙofofin tagulla na majami'ar Gniezno, na ƙarni na 12, suna nan da labarin Wojciech a zane goma sha takwas.

Har yanzu 23 ga Afrilu ranar duk wani Wojciech ce. 'Yan Poland suna da al'ada da suke kira imieniny, bikin ranar suna, wanda tsofaffi da yawa ke girmamawa fiye da ranar haihuwa. A kawo wa mai sunan furanni, a ci a sha.

A gida kuwa ba kasafai ake kiran cikakken sunan ba, Wojtek ake cewa, kamar yadda muke mayar da Abubakar Habu. Wojtek ɗin da ya fi suna ma ba mutum ba ne. Ɗan beyar ne da sojojin Poland suka samo a Iran a 1942, suka rene shi, har suka sa shi a rajistar soja don a bar shi ya hau jirgin ruwa zuwa Italiya. Yana tare da su a yaƙin Monte Cassino a 1944, hotonsa ɗauke da harsashin igwa ya zama tambarin rundunarsu. A gidan namun daji na Edinburgh ya mutu, a 1963.