Audugarmu, Yadinsu: Tarihin Tufa Daga Kano Zuwa Kasuwar Umdurman

Duk wanda ya tashi a gidan Hausawa a nan Aljirif ko a Umdurman, zai iya tuna adakar kakarsa. A cikinta akan tarar da tsohon zane saƙi, ko turkuɗi mai ƙyalli da ke rina hannu, an naɗe shi tare da tob irin na ƙasar nan. Yara kan ɗauka tsummokara ne, amma a gaskiya tarihinmu ne a naɗe.

Kafin zuwan Turawa, Kano ce uwar tufa a yammacin Afirka. Mata na kaɗa zare da mazari, maza na saƙa sawaye, marina na turawa da baba a rijiyoyin rini irin na Ƙofar Mata, mabuga kuma na bugu har yadin ya yi sheƙi. Garin Kura ya yi suna wajen turkuɗi. Bajamushen nan Heinrich Barth, wanda ya shiga Kano a 1851, ya ƙiyasta cewa tufar da birnin ke fitarwa a shekara ta kai ta wuri miliyan 300, ana kai ta har Tambutu da Murzuk da Tarabulus. Masu niyyar aikin Hajji a ƙasa kuwa, tufa ce guzurinsu. Su sayar da turmi a Barno, su sayar da wani a Wadai ko Darfur, da haka har su ga kogin Nilu.

Da suka iso kuma ba su tarar da ƙasa tsirara ba. Mutanen Sudan na da dammur, wato saƙin hannu na auduga wanda Shandi ta shahara da shi, har akan yi ciniki da shi maimakon kuɗi. Da dammur ɗin ne aka riƙa ɗinka jibba mai faci ta Ansaru a zamanin Mahadi, lokacin da Umdurman ta zama birni, kasuwarta ta bunƙasa.

To, cikin shekaru biyar kacal al'amura suka juya. Ingila ta ci Umdurman a yaƙin Karari a 1898, ta ci Kano da Sakkwato a 1903. A shekarar ne aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi, Allah Ya jiƙansa. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja ragowar jama'a zuwa gabas, suka kafa garin Mai Wurno kusa da Sinnar. Ashe wanda suka guda a baya, shi suka tarar a gaba.

Me Bature ke nema? Abu ɗaya daga cikin manyan buƙatunsa shi ne auduga. Masaƙun Lankasha, wato yankin Manchester, sun dogara da audugar Amurka, suna kuma tsoron ranar da za ta yanke. Don haka a 1902 suka kafa ƙungiyar noman auduga ta Ingila, domin a noma musu ita a ƙasashen da suka mallaka.

A Arewacin Nijeriya dabarar ba ta ci yadda suka so ba. Jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, ana zaton zai riƙa kwaso auduga. Sai ga shi masaƙan gida na sayenta da farashin da ya fi na Bature, manoma kuma suka gano gyaɗa ta fi kawo kuɗi. Maimakon buhunan auduga, dalar gyaɗa ce ta tashi a Kano.

A Sudan kuwa Bature bai bar wa manomi zaɓi ba, domin ruwa na hannunsa. Aka gama madatsar ruwa ta Sinnar a 1925, aka buɗe aikin noman Jazira da fadan dubu 300. Gwamnati ke ba da ruwa, kamfanin Turawa ke kula da aiki da sayarwa, mai hawasha kuma ya noma abin da aka ce masa, ya karɓi kashi 40 cikin ɗari na kuɗin audugar.

Amma wa zai tsinke ta? Nan ne kakanninmu suka shigo. Dubban Hausawa da Fulani da Barebari, waɗanda ake yi wa kuɗin goro da sunan Fallata, su ne suka riƙa shema da tsinka da yasar magudanar ruwa. Wasu suna tara kuɗin jirgin ruwa ne daga Sawakin zuwa Jidda, wasu kuma suka zauna ke nan. Mafi yawansu a matsayin lebura suka ƙare, hawasha ta wasu ce. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Audugar takan bi jirgin ƙasa zuwa Port Sudan, ta tafi Ingila, ta dawo a matsayin yadi. Mai karatu ya duba wannan zagaye da kyau: jikan masaƙin Kano ya tsinki auduga a Jazira, ya zo Umdurman ya sayi abin da aka saƙa da ita a ƙasar wani. Yadin inji ya fi araha, ya fi laushi, sai dammur da saƙi suka fara ja da baya. Tob na kamfanin Tootal ya zama abin alfaharin amare, har aka sa wa wani samfurinsa suna Risalat Landan, wato saƙo daga Landan.

Duk da haka mata ba su karɓi kayan da ido rufe ba. Su ke raɗa wa kowane yayi suna, su ke yanke wanda zai karɓu da wanda zai kwanta a kanti. Mazajenmu kuma da suka rasa masaƙa sai suka kama allura, suka shiga ɗinkin hula da aikin wuyan riga da tela.

Wahalar ba ta saya mana zama cikin sauƙi ba. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1957 ta nemi mutum ya nuna asalinsa na nan tun ƙarshen 1897, alhali yawancin namu bayan nan suka zo. An sassauta dokar daga baya, amma tabon bai gama warkewa ba.

Yaƙin da ya ɓarke a watan Afrilu na 2023 ya watsa gidaje a Hartum da Umdurman da Jazira, an wawashe kasuwar Umdurman, adakoki da yawa sun salwanta. Saboda haka muna kira ga duk wanda ya tsira da tsohon zane ko riga ko hula, ya adana shi. Ya zaunar da tsohuwar gidansu ya tambaye ta: wa ya saƙa, daga ina aka zo da shi, a wane zango aka tsaya? Ya rubuta amsar. Ranar da wani zai ce mu baƙi ne, wannan zanen shaida ne.

Allah Ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.