Ɗariƙar Katolika a Ƙasar Filifin

Addinin Kirista ya shiga tsibiran Filifin ne ta hannun Sifaniyawa, tun saukar Magellan a Cebu cikin 1521. A lokacin kuwa Musulunci ya riga ya kafu a kudu, wajen Sulu da Mindanao. Mulkin Sifaniya ya ƙare a 1898, amma addinin ya zauna daram, har yau kusan mutum 8 cikin 10 'yan Katolika ne.

Ƙarfin malaman coci ya bayyana cikin Fabrairu 1986, sa'ad da Kardinal Jaime Sin ya yi kira ta rediyo. Jama'a suka cika wani babban titi na Manila riƙe da carbi, suka tare tankokin yaƙi. Cikin kwana 4 Shugaba Marcos ya tsere zuwa Hawai.