Sunan Maina a Ƙasar Gumel: Asalinsa da Ma'anarsa

Duk wanda ya zauna a ƙasar Gumel, wato ƙananan hukumomin Gumel da Maigatari da Gagarawa da Sule Tankarkar, ya saba jin ana kiran wani mutum Maina. Sunan ya shiga bakin Hausawa har wasu suna zaton Bahaushen suna ne, alhali kuwa kalmar Barebari ce, kuma tana ɗauke da guntun tarihin wannan masarauta.

A harshen Barebari ana kiran sarki Mai, kamar yadda aka san Mai Idris Aloma wanda ya mulki Barno a ƙarshen ƙarni na 16. Ɗan Mai shi ne maina, 'yarsa mairam, mahaifiyarsa kuwa magira. Saboda haka a farkon al'amari maina matsayi ne na haihuwa a gidan sarauta. Wannan Mai ba shi da dangantaka da "mai" na Hausa da ake ji a cikin maigida ko mai doki. Lafazi ne kawai ya zo ɗaya.

Hanyar da kalmar ta biyo zuwa Gumel a bayyane take. Mangawa ne suka kafa masarautar wajen shekarar 1750 a ƙarƙashin Ɗan Juma, ta zauna tana biyayya ga Barno, kuma jihadin Shehu Usmanu Ɗan Fodiyo bai shigar da ita cikin daular Sakkwato ba. Ko bayan da aka taso da fadar daga Tumbi, wadda ke cikin Nijar a yau, aka kafa ta a garin Gumel, al'adun fada sun ci gaba da kallon gabas. A can Barno kuwa, sarautar Sefawa ta ƙare a 1846, zuriyar Shehu Laminu suka riƙe mulki, aka riƙa kiran 'ya'yansu Abba. Ta haka masarautun gefe irin su Gumel suka zama ma'ajiyar tsohuwar kalmar. Sarkin Gumel da ya hau gadon sarauta a 1944 an san shi da Maina Muhammadu Sani.

To, yaya matsayi ya koma suna? Amsar tana cikin al'adar alkunya. Ana raɗa wa yaro sunan yanka ran kwana bakwai, amma uwa ba ta kama sunan ɗanta na fari, haka nan matan gida ba sa kama sunan yaron da aka sa wa sunan surukinsu. Dole a nemo laƙabi. Idan an yi wa wani maina takwara, sai a kira yaron Maina, ko da iyayensa talakawa ne. Laƙabin ya bi shi makaranta, daga bisani ya zama sunan mahaifi ga 'ya'yansa. Wannan hanya ce Yarima da Galadima da Ciroma suka bi, dukkansu kuwa sarautu ne da Hausawa suka aro daga Barno.

Akwai darasi a nan ga ɗalibin tarihi da ma'aikacin gwamnati. Na farko, ba kowane Maina ne ɗan sarki ba, don haka suna kaɗai ba ya zama hujjar gadon sarauta ko na gona. Na biyu, akawu yakan ji Mairam ya rubuta Maryam, alhali ɗaya kalmar Barebari ce, ɗayar kuwa sunan mahaifiyar Annabi Isa ne. Na uku, mutum ɗaya yakan fito da sunan yanka a takardar haihuwa, da laƙabi a takardar makaranta, sai ranar biyan fansho a ce mutum biyu ne. Maganin wannan shi ne mai rubutu ya tambayi sunan yanka daban, laƙabi daban, sarauta daban, ya rubuta kowanne a gurbinsa.